Mai Cin Abinci da Murya: Judi Dench da Sana'ar Wasan Daɓe a Ingila

A gidajen wasan kwaikwayo na Ingila, idan an tsara ɗaga labule da ƙarfe bakwai da rabi na yamma, to da bakwai saura minti biyar za a ji murya ta lasifika tana ratsa ɗakunan shiri, tana sanar da 'yan wasa cewa saura rabin awa. A agogo minti 35 ne, amma rabin awa ake ce masa, domin ana so masu fara fitowa su kasance tsaye a bakin dandamali minti biyar kafin lokaci. Duk wanda sanarwar nan ta riska a waje ya yi laifi, ko shi wane ne. Mai kula da dandamali zai sa sunansa a rahoton daren, a kuma ce wa ɗan ko-ta-kwana, wato wanda ya haddace rawarsa yana jiran irin wannan rana, ya fara sa kaya. Sau takwas ake yin haka a mako: dare shida da wasan rana biyu. Wasa ɗaya yakan yi wata uku, ko shida, ko shekara, ana maimaita kalmomi iri ɗaya a gaban sababbin fuskoki.

Sana'ar da Judi Dench ta shiga ke nan a 1957. A wajenmu, galibin waɗanda suka san fuskarta a finafinan James Bond suka san ta: gajeruwar dattijuwar nan mai askakkiyar furfura da kaifin harshe, shugabar ma'aikatar leƙen asiri da ake kira M, wadda ke yi wa Bond tatas a ofis. Sai dai lokacin da ta fara wannan rawa a 1995 shekarunta 60, kuma ta riga ta yi shekara 38 tana amsa waccan sanarwa ta rabin awa. Fim ya same ta ne bayan ta gama zama gwana.

An haife ta ranar 9 ga Disamba 1934 a birnin York, arewacin Ingila. Mahaifinta likita ne, kuma shi ke duba 'yan wasan gidan wasa na garin, saboda haka gidansu bai rabuwa da 'yan wasa. Mahaifiyarta, wadda ta taso a Dublin, gwanar ɗinki ce. Da aka farfaɗo da tsofaffin wasannin addini na York a 1951, waɗanda ake yi a fili a cikin kufan wata tsohuwar majami'a, uban ya fito a ciki, uwar ta kama ɗinkin sutura, yarinya kuma aka ba ta ƙaramar rawa. A 1957 ita ta fito a matsayin Maryama, mahaifiyar Annabi Isa. Barewa ba ta gudu ɗanta ya yi rarrafe, yayanta Jeffery ma ɗan wasa ya zama. Amma ita da fari ba wasan take so ba, burinta ta zama mai zana dandamali. Ta sha ba da labarin cewa a 1953 iyayenta suka kai ta Stratford, garin Shakespeare, ta kalli King Lear, ta ga yadda mai zanen ya tsara fage guda da ya wadatar da wasan gaba ɗaya ba tare da an sauke labule an canja kaya ba. Ta dawo gida da yaƙinin cewa basirarta ba ta kai nan ba. Sai ta bi sahun yayanta zuwa makarantar Central ta koyon magana da wasa a Landan, wadda a lokacin take cikin ginin Royal Albert Hall. Ajinsu ɗaya da Vanessa Redgrave.

Tana fitowa daga makaranta ƙungiyar Old Vic ta ɗauke ta, aka kuma ba ta abin da ya fi ƙarfin sabon shiga: Ophelia a cikin Hamlet, tare da John Neville. A Liverpool aka buɗe wasan a watan Satumba 1957, sannan aka kawo shi Landan. Masu sharhi na jaridu ba su raga mata ba. Suka ce yaya za a ɗauko ɗanyar yarinya daga aji a ɗora mata irin wannan kaya a gidan da ake ɗauka tamkar gidan wasa na ƙasa. Da za a tafi da wasan Amurka, shugaban ƙungiyar, Michael Benthall, ya karɓe rawar ya ba wata.

Abin da ya biyo baya shi ne asirin sana'ar a wancan zamani. Ba a kore ta ba. An bar ta a ƙungiya, ana ba ta ƙananan rawa: baiwa a nan, 'yar rakiyar sarauniya a can, gimbiyar Faransa a Henry V, wani lokaci ta zama 'yar ko-ta-kwana ga manya. Daren da ba ta da fitowa mai yawa sai ta tsaya a duhun gefen dandamali, ta ƙura wa na gaba da ita ido: a ina wane yake jan numfashi, me ya sa dariyar da aka samu jiya a wannan layi yau ba a samu ba, yaya ake yin raɗa har na kujerar ƙarshe ya ji. Shekara huɗu ta yi a ƙungiyar. A 1960 Franco Zeffirelli, ɗan Italiya, ya zo ya shirya Romeo and Juliet, ya ba ta Juliet, kuma wannan karon jama'a suka yi cincirindo. Akwai wani dare da take yawan tunawa. An zo inda Juliet ke kuka tana tambayar ina uwarta da ubanta, sai mahaifinta na gaske, da wasan ya ɗauke shi, ya amsa daga cikin 'yan kallo, ya gaya mata layin kujerun da suke zaune.

A wancan lokaci kusan kowane gari mai girma a Birtaniya yana da gidan wasa da ƙungiyar 'yan wasa ta dindindin. A wasu wuraren duk mako ake canja wasa: da dare kana yin na wannan mako, da safe kana gwajin na mako mai zuwa, da rana kana haddar na bayansa. Yaro ɗan shekara 23 zai fito saurayi yau, gobe tsoho mai sanda, jibi ɗan sanda mai layi biyu. Albashi kaɗan, ɗakin haya mai sanyi, amma mutum yana faɗuwa yana tashi a inda manyan jaridu ba sa gani. Ƙungiyar ƙwadagon 'yan wasa, Equity, wadda aka kafa a 1930, ta riƙe ƙofa gam: ba ka samun aiki a manyan gidajen Landan sai kana da katinta, ba ka samun cikakken kati sai ka yi makonni kana aiki a irin waɗannan wurare. Dench ba ta yi mai canjin mako-mako ba, amma ko bayan ta shiga ƙungiyar Royal Shakespeare a ƙarshen 1961, ta yi wasa kafaɗa da kafaɗa da John Gielgud da Peggy Ashcroft, sai ta koma gidajen wasa na Nottingham da Oxford ta ƙara gogewa.

Da ƙungiyar Nottingham ɗin ne ta zo Afirka ta Yamma a farkon 1963, a wani rangadi da British Council ta ɗauki nauyi, wanda ya ratsa Najeriya da Gana da Saliyo. A nan ta fara yin matar Macbeth. Ta sha faɗin yadda 'yan kallonmu, galibi ɗaliban da ke karanta littafin don jarrabawa, ba sa zama tsit irin na Turawa. Idan layi ya zo da amsa-amo sai wuri ya kaure da dariya, a yi ta kiran a maimaita, ko da kuwa a tsakiyar fitowar baƙin ciki ne. Wani zai ce rashin ladabi ne. Ni kuwa ina ganin 'yan kallon da Shakespeare ya rubuta dominsu a Landan shekara ɗari huɗu da suka wuce, waɗanda ke tsaye a fili suna ci suna sha suna ihu, sun fi kama da waɗannan ɗalibai fiye da masu kwat da ke tari a hankali a Stratford.

Jarin ɗan wasan daɓe muryarsa ce, sai numfashi, sai ƙwaƙwalwa. A zamanin da Dench ta koyi aiki ba a maƙala wa ɗan wasa makirfo. Babban zauren National Theatre, wanda aka sa wa sunan Laurence Olivier, yana ɗaukar mutum sama da 1,100, kuma wanda ya sayi tikiti mafi arha a can sama yana da haƙƙin ya ji kowace gaɓa. Ihu ba ya maganin wannan, wanda ya yi ihu daren Litinin ba shi da murya ranar Laraba. Daga ciki ake turo iska, a furta baƙaƙe har ƙarshensu, a san inda za a tsaya. Muryar Dench kuwa tana da wata 'yar dusashewa, kamar za ta karye ba ta karye ba, har a wani lokaci aka liƙa sanarwa a ƙofar gidan wasa cewa ba mura take yi ba, haka muryarta take. Abin da aka ɗauka aibi shi ya zama tambarinta. Da shi ta rera waƙa a Cabaret a 1968, ita da ba mawaƙiya ba.

Sai kuma kari. Galibin maganganun Shakespeare a waƙe suke, layi mai gaɓa goma, mara nauyi da mai nauyi bi da bi, bugu biyar. Wanda ya taɓa zama gaban malamin rubutacciyar waƙa yana koyon aruli ya san yadda kunne ke gane karyewar kari tun kafin hankali ya gane ma'ana. To haka abin yake a nan. Peter Hall, wanda ya kafa ƙungiyar Royal Shakespeare a sigarta ta yanzu a 1961, yakan tsaya a wajen gwaji da littafi a gabansa, idonsa a kan takarda ba a kan ɗan wasa ba, yana ƙwanƙwasa bugun da hannu. Ƙa'idarsa ita ce a ja numfashi a ƙarshen layi, kada a yanka shi a tsakiya don neman burgewa. Idan mutum biyu suka raba layi ɗaya, na biyu ya cafke da sauri. Idan layi ya gaza gaɓa goma, to marubucin ya bar maka gurbin shiru ne, ka yi shirun. Zeffirelli ya koya mata zafin zuciya, bai damu da kari ba. Hall da 'yan uwansa daraktoci John Barton da Trevor Nunn suka koya mata karin. Gwanintarta ita ce ta haɗa biyun, ta yadda mai sauraro ba ya jin ana waƙe, sai ya ji mace ce kawai take magana, tunanin yana zo mata a lokacin.

Inda wannan ya fi fitowa fili shi ne Macbeth na 1976 a Stratford. Labarin jarumin yaƙi ne a Sikotland, wanda wasu matsafa mata uku suka yi wa albishir da sarauta, matarsa ta zuga shi ya kashe sarki alhali sarkin yana baƙunci a gidansa, daga nan jini ya yi ta kiran jini. 'Yan wasan Ingila suna camfa wannan wasa, ba sa ma ambatar sunansa a cikin gidan wasa. Trevor Nunn, wanda ya shirya shi, bai kai shi babban zaure ba. Ya kai shi The Other Place, wata rumfar kwano da ba ta ɗaukar mutum 200, da kasafin fam 250 kacal. Aka zana da'ira a ƙasa, aka jera akwatunan katako a gefenta. Ɗan wasan da ba shi da fitowa sai ya zauna a kan akwati yana kallon 'yan uwansa, 'yan kallo kuma suna bayansa, kusa har suna jin numfashin masu wasa. Babu fada, babu dawaki, babu hutun rabin lokaci. Ian McKellen ne Macbeth, Dench ce matarsa, cikin baƙar riga da baƙin ɗankwali ɗaure tamau.

An saba nuna matar nan a matsayin shaiɗaniya tun daga fitowar farko. Dench ta ƙi. Hujjarta mai sauƙi ce: macen da ta durƙusa tana roƙon aljanu su cire mata tausayi, ai tana da tausayin ke nan, in ba haka ba me za ta roƙa? Saboda haka a wannan fitowa za ka ga ta fara kiran, sai tsoron abin da ta kira ya kama ta, ta zabura ta ja da baya, sannan ta daure ta dawo ta ƙarasa. Don mijinta take yi. Da ya sami sarautar ya daina shawara da ita, sai ta fara rushewa a gaban idonka. A fitowarta ta ƙarshe, inda take tafiya cikin barci da kyandir tana murza hannu don wanke jinin da babu shi, marubucin nishi uku kawai ya rubuta. Ita sai ta haɗe su suka zama kuka guda, wanda ya faro can ƙasa kamar ba daga bakinta ba, ya yi ta hawa har numfashi ya ƙare. Ka tuna fa wannan kuka ba sau ɗaya aka yi shi aka adana ba. Ta yi shi a Stratford, ta yi shi a Landan a 1977 da 1978, dare bayan dare, kuma a kakar farko, a ranakun da ba Macbeth ake yi ba, tana babban zaure tana ba mutane dariya a Much Ado About Nothing da The Comedy of Errors. Wannan shi ne aikin 'yar ƙungiya.

Ba kullum ake dacewa ba. A 1971 ta yi Portia a The Merchant of Venice, wasan da ta fito fili ta ce ba ta ƙauna, ba ta kuma ji daɗin abin da ta yi a ciki ba. A 1981 tana gwajin Cats jijiyar agararta ta tsinke, Elaine Paige ta karɓi rawar ta yi suna da ita. A Mother Courage na 1984 amalanken da ya kamata ta riƙa ja a dandamali ya riƙa maƙalewa. Tana da halin da zai ba malamin makaranta haushi: sau da yawa ba ta karanta wasa kafin ta karɓa, sai dai a ba ta labarinsa da baki, aikin da mijinta Michael Williams, shi ma ɗan wasa, ya daɗe yana yi mata. Ga tsokana, ga saurin tuntsirewa da dariya a tsakiyar wasa idan wani abu ya kwaɓe.

Da Peter Hall ya nemi ta yi Kiliyofatara, sarauniyar Masar, a National Theatre a 1987, ita da kanta ta yi wa kanta ba'a, ta ce me za a yi da gajeruwar mace mai shekara hamsin da 'yan kai a rawar da kowa ke zaton ta doguwar kyakkyawa ce. Tsawonta bai wuce mita ɗaya da rabi da ɗan ɗori ba. Shawarar da Hall ya ba ta ta cancanci duk ɗan wasa ya riƙe: kada ki yi ƙoƙarin nuna matar gaba ɗaya a kowace fitowa, ki nuna fuska ɗaya a nan, wata a can, 'yan kallo za su haɗa da kansu. Anthony Hopkins ne Antony, masoyin sarauniyar. Shi yana mutuwa a kashi na huɗu, ita kuwa kashi na biyar gaba ɗaya a wuyanta yake, har da macizai masu rai. Takan ce yana kwance a hannunta a matsayin gawa, tana zuba makoki, sai ya raɗa mata cewa shi kam ya tafi shan shayi, ta ji da sauran. Bayan shekara 31, a kan wannan dandamali dai, Sophie Okonedo, wadda mahaifinta ɗan Najeriya ne, ta yi wannan rawa. Haka ma ɗan ƙaramin gidan da aka kai Macbeth a Landan a 1977, wanda yanzu ake kira Donmar Warehouse, nan Chiwetel Ejiofor ya yi Othello a 2007.

Fim kuwa ya daɗe yana juya mata baya. Tun tana matashiya wani darakta ya dube ta ya ce mata fuskarta ba ta fim ba ce, komai nata ba a wurinsa yake ba. Ta ɗan taɓa a The Third Secret a 1964 da Four in the Morning a 1965, sai ta koma inda ake son ta. Talabijin ce ta shigar da ita falon mutanen Birtaniya: A Fine Romance daga 1981 zuwa 1984 tare da mijinta, sai As Time Goes By daga 1992 zuwa 2005 tare da Geoffrey Palmer. An ba ta sarautar Dame a 1988, tun Amurka ba ta san da ita ba.

Sannan abubuwa suka zo a jere. GoldenEye a 1995. Mrs Brown a 1997, inda ta fito a Sarauniya Victoria cikin takaba, fim ɗin da don talabijin aka yi shi, kamfanin Miramax ya saya ya kai shi silima. Shakespeare in Love a 1998, inda ta fito a Sarauniya Elizabeth ta Ɗaya na kimanin minti takwas, ta karɓi Oscar a 1999. A ganina Mrs Brown ne ya cancanci kyautar, kuma masu zaɓe biyan bashi suka yi. A shekarar dai ta karɓi Tony a Amurka saboda wasan daɓe na Amy's View. Sau takwas sunanta ya shiga takarar Oscar, na ƙarshe saboda Belfast na 2021. Ta yi M a finafinai bakwai har zuwa Skyfall na 2012, inda aka kashe ta a labarin. Masu son finafinan Indiya za su iya tuna ta a Victoria & Abdul na 2017 tare da Ali Fazal, labarin Abdul Karim, Musulmin da ya koya wa Victoria Urdu. Akwai kuma waɗanda gara a manta da su, irin su fim ɗin Cats na 2019.

Aikin gaban kyamara wata sana'a ce daban, ko da yake da kayan aiki ɗaya ake yin ta. A daɓe ɗan wasa ne mai iko da lokaci: daga ɗaga labule zuwa sauke shi babu mai tsayar da shi, yana jin 'yan kallo a jikinsa, ya ƙara sauri idan sun fara motsi a kujera, ya jira idan suna dariya. A fim ana iya ɗaukar mutuwarka ranar farko, aurenka ranar ƙarshe. Za ka yi awa biyar a zaune kana jiran a gyara fitila, sannan a ce ka zubar da hawaye a minti ɗaya, ƙafarka a kan alamar da aka manna a ƙasa. Abin da na kujerar ƙarshe ke buƙata ka yi da dukan jikinka, kyamara tana ɗauka daga ƙiftawar ido, in ka ƙara ya zama hauka. 'Yan daɓe da yawa sun kasa rage kansu. Dench ta iya, domin ko a daɓe ba mai yawan watsa hannu ba ce, kuma minti takwas ɗin nan na Elizabeth ba komai ba ne illa iya shigowa wuri, iya tsayuwa, da iya ajiye kalma a inda za ta yi nauyi. Duk da haka ta sha cewa ba ta son kallon finafinanta. Dalilinta na mai sana'a ne: kuskuren daɓe ana gyara shi gobe da dare, na fim kuwa ya zauna ke nan.

Mijinta ya rasu a 2001. A 2012 ta bayyana cewa tana fama da ciwon ido mai cinye tsakiyar gani, irin wanda mahaifiyarta ta yi. Ga wanda aikinsa hadda ne wannan ba ƙaramar jarrabawa ba ce, balle ita da ta saba haddacewa da ido, tana tuna inda kowane layi yake a shafi. Sai ta koma hadda da kunne: abokai su karanta mata, ta maimaita, su sake karantawa. A haka ta yi Paulina a The Winter's Tale tare da Kenneth Branagh a 2015, tana da shekara 80, wasan da ta yi uwa da 'ya a cikinsa a 1969. Shi ya kawo mata lambar Olivier ta takwas a 2016, adadin da babu ɗan wasan da ya kai a lokacin. Abin da ta haddace tun ƙuruciya kuwa yana nan daram. Takan ce za ta iya kawo Twelfth Night da ka, wasan da marigayi Ibrahim Yaro Yahaya ya mayar Hausa da sunan Daren Sha Biyu. A 2023 ta fitar da littafi kan Shakespeare tare da Brendan O'Hea, wanda sunansa ya fito daga laƙabin da ita da mijinta suka sa wa marubucin, wato mutumin da ke biya musu kuɗin haya.

Kada labarinta ya ruɗe mu game da sana'ar. A kowane lokaci mafi yawan 'yan wasan Birtaniya ba su da aikin wasa a hannu. Suna sayar da abinci, suna amsa waya a kamfanoni, suna koyarwa, suna jiran kiran wakili. Tsanin da ta taka ma ya kakkarye. Ƙungiyoyin dindindin na garuruwa sun kusa ƙarewa, yanzu wasa ɗaya ake ɗaukar mutum, a yi gwaji mako huɗu ko biyar, a gama a watse. Dokokin ƙwadago na ƙarshen shekarun 1980 sun karya ƙofar da Equity ke tsarewa. Kuɗin makarantun wasa ya yi tsada, har ita kanta ta koka a 2014 cewa wasiƙun matasa masu neman ta taimaka musu da kuɗin makaranta sun yi mata yawa, kuma sana'ar tana neman zama ta 'ya'yan masu hali. Yarinyar da ta faɗi a Ophelia yau, da wuya a sami ƙungiyar da za ta riƙe ta shekara huɗu tana kallo daga gefe. Za a yi mata hukunci a intanet kafin gari ya waye, a nemi wata.

Wasan daɓe ba ya barin gawa, ana sauke labule ya tafi. Kiliyofatararta da Juliet ɗinta sai a bakin waɗanda suka gani. Amma an yi sa'a gidan talabijin na Thames ya ɗauki Macbeth ɗin nan na rumfar kwano, aka nuna shi a 1979, da 'yan wasansa da baƙaƙen kayansu, kuma har yau ana samunsa. Duk mai sha'awar wasa, ko mai yin sa a Kano ko Jos ko Kaduna, ya neme shi ya zauna ya kalla daga farko har ƙarshe, ko da Turancin ya yi masa tsauri. Awa biyu da 'yan kai ne, kuma ya fi finafinan Bond ɗinta bakwai nuna abin da matar nan ta iya.